Takabar Iyatu

Shekarar da lokaci ya tarwatse a Douala, kowace unguwa ta tashi da guntunta. Nkololoun ta samu hantsi, maƙera suna ta dukan ƙarfe, azahar ta ƙi yi. Kasuwar Kongo ta maƙale a jajibirin salla, teloli idanunsu sun kumbura a kan keke. New Bell kuwa la'asar ce ta faɗo mata, mai yayyafi, ba gaba ba baya. Malamai suka ce zunubin mutane ne. 'Yan boko suka faɗi wata doguwar kalma da Faransanci, suka gyara tabarau. Iyatu dai ta lura duk cikin masu bayanin babu wanda ya san ko yau ya ci tuwon dare.

Ita a New Bell take, abin ya same ta cikin takaba. Mijinta, Malam Awalu, mai saro kifi a Youpwé, tashar masunta, yana raba wa masu suya, ya dawo ran nan da kwandonsa a bayan bensikin, wato babur ɗin haya. Yana sauka daga babur ɗin ya dafe ƙirji, ya zauna a bakin ƙofa, shi ke nan. An kai shi makwanci, ba da daɗewa ba lokaci ya fashe.

Ta aika a tambayo mata Liman yaushe za ta fita. Ya ce takaba da wata ake lissafinta, ta jira a ga wata. Wane wata, a unguwar da magariba ba ta yi? Masu zuwa gaisuwa suka ɗauke ƙafa ɗaya bayan ɗaya. Ta rage daga ita sai ɗigar ruwa a kan kwano, kai ba kitso, ido ba kwalli, tana girkin mutum ɗaya a tukunyar mutum biyu.

Sai ga maƙwabciyarta Adda Mairama, mai suyar kifi a bakin titi, ta faɗo ɗakin ko sallama babu.

"Iyatu, na gan shi."

"Wa kika gani, Adda?"

"Mai gidanki mana! A Youpwé. Can har yanzu safiyar ran nan ce, tafiya take kamar hawainiya. Yana nan yana musu da masunta, da hular nan tasa mai kama da kwanon sha. Ya kusa cika kwando."

In ya cika kwando gida zai nufo, kuma Iyatu ta san abin da ke jiransa a bakin ƙofa.

"Liman ya ce mai takaba ba ta fita," in ji Adda, ganin Iyatu ta ɗauki mayafi.

"Sai ya fara gaya mini takabar wa nake yi, tunda mamacin yana can yana taya kifi."

Ta hau bensikin, suka ratsa yayyafi, suka ratsa wata rana mai ƙuna, suka faɗa cikin safiya mai ƙarni da kukan tsuntsayen ruwa. Ga shi tsugune a gaban kwando, yana buɗa kunnen kifi da babban yatsa.

"A'a! Uwar Delu? Me ya fito da ke? Ji fuskarki kamar wadda ta tashi daga jinya."

"Rasuwa aka yi," ta ce.

"Inna lillahi. Wa?"

"Malam."

Tun da aka kawo ta gidansa ba ta taɓa kama sunansa ba, ko a bayan idonsa. Malam take ce masa, Malam ɗin ne kuma ya fito daga bakinta. Sai dai a New Bell kowane mai gemu Malam ne.

"Wane Malam? Malam Ilu mai gyaran rediyo ko? Ai na faɗa, tarin nan nasa ba na tashi ba ne." Ya goge hannu a riga, ya ɗaga tafukansa. "Allah ya jiƙan Malam, ya sa ya huta. Allah ya ba matarsa haƙuri, ya sa kada kaɗaici ya yi mata yawa."

"Amin," in ji Iyatu. Duk cikin waɗanda suka yi mata ta'aziyya, babu wanda ya tuna da wannan addu'ar.

Ya jawo igiya ya fara ɗaure kwando. "Tashi mu tafi, kada jana'iza ta wuce ni."

Ta so ta ce masa kai ne. Amma ta san mutumin da ta aura. Cewa zai yi abin da Allah ya rubuta ba a guje masa, ya gyara hula, ya tafi ya same shi da ƙafarsa, har ya yi mata faɗan ta fito cikin takaba.

"An riga an kai shi," ta ce. "Ba sauri. Ni dai wannan kifin ban so shi, ya kwana a ƙanƙara."

"Ya kwana? Ke da ba ki san kifi ba sai a miya!"

"Na wancan kwalekwalen nake so." Ta nuna can bakin sararin ruwa, inda wani kwalekwale yake kamar ɗigon tawada, ba a ko ganin motsinsa.

"Wancan? Kafin ya iso ai na yi furfura."

"Furfura kam ka riga ka yi ta, Malam."

Ya yi dariya, ya kwance igiyar, ya kifa wani bokiti ya zauna. "To. Sau nawa kika taɓa roƙona abu? Zauna mu jira tare."

Ta zauna a gefensa. Iska na kaɗawa, yana ba ta labarin wani masunci da ya ce ya ga kifi mai gemu. Can ta ji hankalinta ya koma kan wake da ta bari a wuta, tana cewa a ranta ya kamata su koma kafin ya kama. Har ta buɗe baki za ta ce mu tafi gida, sai ta tuna waken nan a safiyar ran nan ta ɗora shi, ya daɗe da ƙonewa, ranar ba wanda ya kula da tukunya. Safiyar ce take shanye abin da ta sani. In ta ƙara zama kaɗan, ita da kanta za ta kama hannunsa ta kai shi bakin ƙofar.

Ta miƙe. "Ni zan yi gaba. Kada ka dawo mini babu kifin nan."

"Ji mace da mulki," ya ce, idonsa a kan ruwa.

A New Bell la'asar tana nan yadda ta bar ta. Ta shige ɗaki, ta zauna a kan tabarma. Duk bensikin da ya shigo lungun sai ta riƙe numfashi tana sauraro, har ta ji ya wuce ƙofarta, sannan ta ce alhamdu lillahi.