Ɗorawar da ke Gonar Faruku

"Gonata ce ko ba gonata ba ce? A ba ni amsa!"

Faruku ke nan, ɗan yayana marigayi, tsaye a tsakar gidansa yana buga ƙirji kamar an ce za a naɗe gonar a sa a aljihu.

"Taka ce, ba wanda yac ce ba taka ba ce," in ji yayarsa Sa'adatu, wadda ko mayafi ba ta cire ba tun saukarta daga motar Gummi. "Ɗorawa dai tawa ce. Ranar rabon gado kai anka ba ƙasa, ni anka ba icce."

"Iccen bisa iska yake tsaye, Adda? Ba cikin ƙasata saiwarshi take ba?"

Ni Bara'atu, goggonsu, ina gefe a kan tabarma ina ɓarar gyaɗa, na yi fuskar wadda ba ta san komai ba. Alhali ni na kira Sa'adatu. Bari in koma baya kaɗan, don kada a ce tsohuwa ta haɗa faɗa a banza.

Ɗorawar nan tana gabas da ƙauyenmu, a bakin hanyar Nasarawa Burkullu. Ina yarinya irinta ba su ƙirguwa, in suka yi jan furen nan nasu mai kama da tuntun hula, ƙudan zuma har hana mutum jin sallama suke. Masu gawayi da masu injin yankan katako suka bi su ɗaya bayan ɗaya. Waɗanda suka rage suna can cikin daji, inda yanzu ko namiji ba ya shiga da daɗin rai, balle mace da kwando. Saura wannan guda a kusa da gari, babba, mutum biyu ba su rungume ta.

Da Sa'adatu ta yi aure a Gummi sai ta bar mini amanarta. In 'ya'yan suka nuna, mai gari ya yi shelar a sauke, ni nake tara matan layinmu mu je da gora mai ƙugiya. Garin ɗorawar na yara ne, su sha su ɓata baki. Ɓawon a jiƙa a yi makuba, a daɓe ɗaki. Kalwar kuwa, wato ƙwayar, ita ce daddawa, ita ce sana'ata, kuma duk matar da ta taya ni dahuwa da surfe tana komawa gida da nata. Akwai zawarawa a layinmu da ba su da wani abin sa wa miya sai wannan. Kuma duk shekara, kamar yadda muka gada a garin nan, daddawar farko gidan Faruku nake kai ta. Rabon mai gona muke ce mata. In icce na wani ne, ƙasa ta wani, mai icce ke aika wa mai ƙasa, saboda inuwar da ke danne masa gero.

Shi Faruku ba mugu ba ne, kada in ɗauki alhakinsa. Ya je Bagega haƙar zinariya, ya dawo da tari da takalmi ƙafa ɗaya. Ɗakinsa na yoyo, damina na tafe. Sai Ɗanmusa mai injin yanka ya yi masa alkawarin kwanon rufi in ya ba shi ɗorawar. A ɓoye suka shirya. Amma Faruku ya gaya wa matarsa Raihana, Raihana ta gaya wa Salamatu mai ƙosai ta ce kada ta faɗa wa kowa, Salamatu kuwa ba ta ɗauke ni a kowa ba. Ni ba na yawon neman magana, Allah ya sani. Ita ke biyo ni har ɗaki.

A wayar Salamatun na kira Gummi. Sai da muka hau surin bayan makaranta kafin ta shiga, ni da gwiwar nan tawa. Sa'adatu ta ce ba mota sai ranar kasuwa, hanya ba ta biyuwa kullum.

Ɗanmusa bai jira ranar kasuwa ba. Ana gobe Sa'adatu za ta zo, da hantsi, na ji kukan babur ya nufi gabas. Na leƙa ta katanga na ga injin a ɗaure a baya. Ban tsaya neman takalmi ba. Na suri tabarma da ƙwaryar gyaɗata na yanke ta cikin gonaki, ina tafe ina haki ina kiran sunan Allah. Ɗanmusa da Faruku suna tsaye suna zuba wa injin mai na shimfiɗa tabarmata a gindin iccen, na jingina, na miƙe ƙafa.

"Inna, a ɗan matsa, aiki za mu yi," in ji Ɗanmusa.

"Lahiya lau, ɗan nan. Ya mutanen gida?"

"Cewa nay yi ki tashi! Sarewa za a yi!"

"Gyaɗa? Ba ta sayarwa ba ce, iri ce."

Faruku ya tako ya tsuguna. "Goggo, na san kina ji. Jiya daga bayan katanga kinka ji Raihana na ƙirga ƙwai."

Na dube shi na ce Allah ya yi masa albarka.

Ɗanmusa ya ja igiyar injin don ya tsorata ni. Wallahi na tsorata. Amma sai na kwanta na ja zane na rufe har kai, na ɗaga murya na ce likkafanina yana cikin akwatin ƙarƙashin gado, kada a wahalar da kowa. Masu wucewa zuwa Nasarawa suka fara tsayawa. Wani Bafulatani da ke kora shanu ya tambaya ko tsohuwar rasuwa ta yi. Ɗanmusa ya kashe injin, ya ce shi katako ya zo nema, ba gawa ba, in sun gama rigimarsu ta gida a kira shi. Ban bar wurin ba sai da rana ta yi sanyi.

To, shi ne washegari ga mu a tsakar gidan Faruku, ana ta gonata, iccena. Da abin ya ƙi ƙarewa aka aika a kira Malam Abdussamad, limaminmu. Mahaifin Malam ne ya yi rabon gadon, shi ma ya riga mu gidan gaskiya. Malam ya zauna a kan buzu, ya saurari kowa, yana shafa gemu.

"Lokacin rabon ina Zariya wurin karatu," in ji shi. "Wa ya halarta?"

"Ni, Allah gafarta Malam," na ce. Kunnena ya warke.

"Sai wa?"

Muka fara lissafi. Wane ya rasu. Wane ya rasu. Wane ya tafi Neja ba labari.

"Inna Bara'atu," in ji Malam a hankali, "ke kina ci daga iccen nan. Shaidarki ita kaɗai ba ta isa ba. In ba wata hujja, abin da ke cikin gona gona yake bi."

Gyaɗar da ke hannuna ta zube. Ban taɓa kawo wannan a raina ba. Ni a zatona abin da kowa ya sani ba ya bukatar shaida. Sa'adatu ta dube ni, idonta ya cika. Faruku ya gyara hula, har da ɗan murmushi, ya ce wa Raihana ta hanzarta abinci, yana da inda za shi. Na san inda za shi. Na hango iccen a kwance, na hango zawarawan layinmu da miyar kuka fara fat, ba ƙamshi.

Ƙamshin ne ma ya cece mu. Raihana ta buɗe tukunya a madafa, iska ta kwaso shi ta kawo mini har hanci. Hannuna ne, ko a cikin barci na san daddawata.

"Raihana, 'yar albarka," na ce, "wagga daddawa ta ina ce?"

"Taki ce mana, Goggo. Ta rabon mai gona, saura kaɗan ta ƙare."

"Ke, wa ya tambaye ki?" in ji Faruku.

"Goggo ta tambaye ni."

"Kyauta ce!" Ya juya wajen Malam. "Goggona ce, ta ba ni daddawa, mi ya yi zafi? Ita ta sa mata wanga suna, ni ban taɓa cewa haka ba."

Nan fa abin da ake zagina a kai ya yi rana. Ni ba na mantuwa. In ka yi magana a gabana, ko shekara nawa, tana nan a ajiye da ranarta da rigar da ka sa.

"Allah gafarta Malam," na ce, "ka tuna bara, da fari ya taɓa ɗorawa ba ta yi 'ya'ya sosai ba? Ka tuna wata la'asar, kun fito masallaci, ina wucewa da tallata, wani ya tare ni da faifai a hannu? Shuɗiyar riga gare shi, mai yagaggen aljihu."

Malam ya daina shafa gemu.

"Yac ce mini, a gaban jama'a, 'Goggo, rabon mai gona ya ragu bana. Iccen Adda na kashe mini gero, a ƙare ni da ɗan wannan?' Har wani malami ya sa baki yac ce, Inna, ki ƙara mishi, hakkinshi ne."



"Ni ne malamin," in ji Malam Abdussamad. Ya sa hannu ya rufe baki, amma kafaɗunsa suna rawa. "Na tuna. Har ka ce a ƙara da manya-manya. Faruku, mai icce ba ya karɓar rabon mai gona, balle ya yi ƙorafin ya yi kaɗan. Da bakinka ka ce iccen Adda. Ban da bukatar wata shaida."

Sai lokacin hankalina ya kwanta, tun ranar da Salamatu ta zo mini da maganar. Sa'adatu ta zauna daɓas a kan turmi, sai yanzu ta cire mayafi, tana ta alhamdu lillahi.

Malam bai bar Faruku haka ba. Ya ce kukansa na inuwa gaskiya ne. Bayan an sauke 'ya'ya a rage rassan ƙasa da ke kan kunyoyi, itacen nasa ne, amma da gatari, kuma a gaban mai icce. Sa'adatu ta ce kalwarta ta bana a sayar a sa a rufin ɗakin, ba za ta kwana a Gummi ƙaninta na kwana cikin ruwa ba. Malam ya ƙara da cewa ƙananan ɗorawar da ke tsirowa a bakin iyaka, waɗanda Faruku ke sharewa da fartanya duk shekara, su nasa ne halak malak, tunda bayan rabo suka fito.

"Ka bar su su girma, ɗan nan," na ce, "ɗiyanka su samu abin yin faɗa."

Ya harare ni. "Ke dai, Goggo, jiya kurma, yau kin fi rediyo."

"Sauƙi daga Allah ne."

Raihana ta leƙo daga madafa da akushi, ta rasa inda za ta sa kanta. "A zubo tuwon?"

"Zubo mana," na ce. "Ki cika mishi miya. Rabon mai gona ne, kada ya kai ƙararmu masallaci."

Sa'adatu ta fashe da dariya, Malam ya juya fuska bango. Faruku ya tsaya yana dubanmu ɗaya bayan ɗaya. Sai ya zari takalmansa a hannu, ya faɗa zaure, ya finciko tsohuwar ƙofar kwanon nan ya maka ta garam, har tsatsa ta zubo.