Ƙafafun Casimiro a Kan Siminti

Magana ta cika gari cewa Shaiɗan ya karɓe abinsa. Wai Casimiro Coronel tun yana saurayi ya shiga kogon Salamanca, inda makaɗa ke koyo a hannun aljanu, shi ya sa ba ya hawa dandamali da takalmi. Ga shi yanzu, saura kwana uku bikin da gari ya shirya don karrama shi, ya je gwaji ya kasa bin kiɗan waƙar da ya tsara da kansa. Wa'adi ya cika ke nan, in ji matan da ke layin burodi.

Yayarsa Eulogia ta koyar da lissafi shekara talatin da huɗu, kuma ita ta goye shi. Kogo ɗaya ta san ya taɓa shiga, na wani fim da ya fito a mai jan alfadari aka harbe shi kafin minti goma. Ta kuma tuna zamanin da yake haɗa kiɗan chacarera da gitar lantarki a Buenos Aires, tsofaffi na tsine masa: da manyan takalman fata yake hawa. Cire takalmin daga baya ya zo. Da la'asar ta ɗauki ƙoƙon shayin mate da fulas ta nufi gidansa.

Ta same shi a gindin bishiya ya ba ƙofa baya, ya ciji kan gitarsa da haƙora yana murɗa tsirkiya.

"Casimiro," ta ce. Bai juyo ba. "Tsohon banza mai rina gashi. A fim ɗin ma alfadarin ya fi ka iya wasa."

Ko gezau. Sai da ta zagayo gabansa ya saki gitar, idonsa a kan bakinta.

"A'a, Yaya, yaushe kika shigo?"

"Tun ɗazu nake ta yabonka."

"To ci gaba mana, ban ƙoshi ba."

Ta ɗaga ƙoƙon ta rufe bakinta da shi, ta ce, "Wace shekara Inna ta rasu?"

Ya ƙyalƙyale da dariya. "Ke dai, Yaya, ba kya canzawa."

Ta sauke ƙoƙon a hankali. Ya dubi fuskarta, dariyar ta ɗauke.

"Da ƙafa nake ji," ya ce can. "Tsohon dandamalin katako ne, ƙarƙashinsa fanko. In makaɗina Rosendo ya daki ganga, ta tafin ƙafa take iso mini. Yanzu sun rushe shi sun zuba siminti, har da sunana a jiki da haruffan tagulla."

"A shimfiɗa katako a kai."

"Mun gwada jiya da ƙyauren gidan Rosendo. Simintin na shanye komai."

"Ina tsohon katakon?"

"Da shi leburori suka gasa nama ranar da suka gama aiki."

"To a kai bikin wani wuri."

"Dandamalin gwamna zai zo buɗewa, ba ni zai zo gani ba."

Ta ce za ta zauna a sahun gaba ta riƙa ba shi kiɗan da hannu. Ya ce in fitilu suka haske shi ko yatsunsa ba ya gani, balle ita da ko a coci ita ke ɓata wa mutane tafi. Duk da haka suka gwada a tsakar gidan, sau huɗu. Sau huɗun ta makara.

"Ka faɗa wa mutane gaskiya kawai."

"Su riƙa yi mini ihu a kunne suna shafa mini kafaɗa? Gara Shaiɗan, Yaya. Wanda Shaiɗan ya koyar ko ba komai ana sa faifansa a rediyo. Ki rantse mini ba za ki faɗa wa kowa ba."

Eulogia ta saba duk abin da aka kawo mata tana da amsarsa. Ta zuba ruwan zafi a ƙoƙon ta miƙa masa, ta rantse.

Ranar Asabar gwamna ya yanke ƙyalle, aka kira sunan Casimiro sau uku bai fito ba, Rosendo na zaune da ganga tsakanin gwiwoyinsa. Daga ƙarshe wasu samari suka hau suka rera waƙoƙinsa. Matar da ke kusa da Eulogia ta taɓa goshi da ƙirji alamar gicciye, ta ce ai dama an faɗa.

Casimiro bai taɓa zuwa kogon Salamanca ba. Lasifikokin da ya tsaya a gabansu shekara talatin suka cinye masa kunne, kuma shekararsa goma sha ɗaya ke nan kurma.