Shayin da Kawu Ya Miƙa

A harkar fim ana ce mata Mai Ido, domin da ta kalli mutum ta san rawar da za ta dace da shi. Shekara da shekaru tana zaɓo wa daraktoci 'yan wasa, amma sunanta sai can ƙarshen fim yake fitowa, lokacin da kowa ya tashi neman takalminsa.

Da wani darakta ya ce yana son dattijo mai murmushin gaskiya, wanda zai kashe wansa da guba, ba ta yi nisa ba. Kawunta tela ne, ƙanen mahaifiyarta, mutumin da ko zare ya tsinke sai ya ba shi haƙuri.

A ƙa'idar aikin, mai ƙaramar rawa ba a ba shi labarin duka, fitowarsa kawai ake gaya masa. Da wannan ta fake.

"Kawu, shayi kawai za ka miƙa wa mara lafiya, ka yi masa sannu."

"Shi ke nan? Ashe aikin naku ba wuya."

Ta san in ya ji zancen guba, ko dai ya ƙi, ko fuskar ta ɓaci. Ya miƙa kofin da hannu biyu, har ya gyara wa mara lafiyan matashin kai ba a sa shi ba. Hannun da ya zuba gubar kuwa na wani ne, daga baya aka haɗa wurin tace fim.

Fim ya karɓu, aka yi ta yaba wa idonta. Shi kuma Kawu a unguwa ya koma Mai Guba. Tun ana faɗa da dariya, har masu kawo ɗinki suka soma raguwa.

Mai Ido ta daɗe tana kewaye layin shagonsa, kunya ta hana ta bi. Sai da mahaifiyarta ta ce, "Ke da kika ɗaura, ke za ki kwance," sannan ta je.

Ta same shi a bakin keke, tabarau a kan hanci, yana ɗinka ƙafar wandon makaranta. Ya ture ƙyallaye daga benci ya ba ta wuri. Da faɗa ya yi mata, da ta fi jin sauƙi.

"Kawu, ban kyauta ba. Na san labarin tun farko."

"Na gane, 'yar nan. Aikinki ne." Ya tsayar da keken. "Mutanen gari ba su dame ni ba, za su gaji. Jikata ce. An nuna mata fim ɗin a waya. Shekaranjiya tana zazzaɓi, na kai mata ruwa, ta juya ta kama zanen uwarta tana ihu."

Mai Ido ta sunkuyar da kai. Jikar nan tasa a kan cinyarsa ta koyi zama.

"Abu ɗaya nake roƙo," in ji shi. "Ki sake sa ni a wani, ko maigadi ne, ko mai shara. In dai za ta gan ni ina yi wa wani alheri, ai shi ke nan. Yara abin da suka gani suke yarda da shi."

Ta fi kowa sanin ba zai yiwu ba. Daraktoci suna ta kiranta a kansa, amma duk mugu suke so, kuma babu wanda zai ba wannan fuskar mutumin kirki yanzu. Da wani ne ya kawo shawarar, ita ce ta farko da za ta ce 'yan kallo ba za su yarda ba.

Kawu ya cire tabarau yana jiran amsa.

Akwai maganar da take sallamar waɗanda ba za ta ɗauka ba da ita, ta faɗe ta har ta daina jin nauyinta. Ta nemi wata a bakinta, ta rasa.

"Zan kira ka, Kawu."

"Allah ya yi miki albarka," ya ce. "Bari in gaya wa uwarta ta soma shaida mata."