Ludayi Ɗaya Daga Randar Tatsuo

Fumie na durƙushe a kicin ɗin tsohon shagonsu na Nobeoka, tana tsince gutsattsarin fasasshiyar randa daga cikin baƙar miyar da ta malale har ƙarƙashin firji. Girgizar ƙasar da aka yi da safe ba wata babba ba ce, ko kofi bai faɗo daga kan tebur ba. Randar ce kaɗai ta zame daga dakalinta ta tarwatse.

"Shugaba, janye hannunki kada ki yanke," in ji Uwargida Kawano, wadda ta fi kowa daɗewa a shagon. Tana riƙe da tsumma amma ta kasa sunkuyawa. "Ni dai ba zan iya goge ta ba. Ki sa wani."

Duk wanda ya tashi a yankin nan ya san Gidan Nagatomo: tsiren kaza a kan shinkafa mai tururi, cikin kwali, kafin ka gama gyara tsayuwa an miƙo maka. Baban Fumie, Isamu, da mahaifiyarta Tokiko ne suka fara shi da 'yar kurar katako a ƙofar masana'anta, fiye da shekara hamsin da suka wuce. A ranar farko Tokiko ta haɗa miyar waken suya da sukari da citta a wannan randa, kuma tun ranar ba a taɓa juye ta ba. A ɗauko tsire daga wuta a tsoma, kitse da ƙamshin gawayi su sauka ciki, da yamma a ƙara sabuwa a kan tsohuwa. Tokiko ta daɗe da rasuwa, amma har jiya hannunta na cikin randar.

Gidan yana da ƙa'ida. In za a buɗe sabon reshe, sai a ɗebo ludayi ɗaya a zuba a sabuwar randarsa. Mai karɓa ya durƙusa ya karɓa da hannu biyu, daga ranar shagonsa ya zama ɗa ga shagon da ya ba shi, kuma duk sabuwar shekara shi zai je gaisuwa.

"To ki kira rassan mana," in ji Kawano. "Kowa ya maido ludayinsa."

Nan take Kawano ta tuna, ta rufe baki da tsumman.

Babu randa a rassan. Fumie ce da kanta ta kwashe su, shekarar da ta karɓi ragamar gidan. Kuma tsakani da Allah tana da hujja: wani reshen miyarsa ta yi gishiri, wani ta yi ruwa, sababbin ma'aikata kuma wanke randa suke so su yi don a ce suna da tsabta. Sai ta buɗe babban kicin guda, ana dafa miyar ana raba ta a leda. Ciniki ya buɗe, rassa suka ninka. Mutum ɗaya ne ya ce bai yarda ba, ƙaninta Tatsuo. Ya sauke allon sunan gidan daga shagonsa na Hyuga, ya riƙe randarsa. Tun daga nan sai wajen addu'ar tunawa da mahaifiyarsu suke haɗuwa, can ma in ɗaya yana son shayi sai ya ce, "Baba, gaya mata ta miƙo buta."

Baban nan kuwa kullum da la'asar sai ya tako da sandarsa ya zo ya ci tsire ɗaya daga randar matarsa. Abin da ya rage masa ke nan na aiki, kuma yau ma zai zo.

Ta wanke hannu, ta ɗauki tulun ƙasa mai murfi, ta shiga mota. Duk tsawon hanyar bakin teku tana shirya abin da za ta ce, tana rushewa.

Ta tarar da shagon Tatsuo cike da direbobin tashar jirgin ruwa. Yana gaban wuta da tawul ɗaure a ka, ya ƙara ƙiba, ya yi furfura a gefen kunne kamar Baba. A kusurwa ga randarsa, an ɗaure ta da igiya a jikin bango. Wannan igiyar ta fi komai ba ta haushi.

Ya kalle ta, ya kalli tulun, ya ci gaba da juya tsire.

"Yaya, in abinci kika zo ci, ga layi can."

"Ta fashe, Tatsuo."

Hannunsa ya tsaya. Sai da kitse ya kama wuta sannan ya farga ya janye tsiren.

"Gaba ɗaya?"

"Ko cikin cokali ban samu ba."

"Ba ku ɗaure ta ba? A ƙasar da ke rawa kullum?" Ya girgiza kai. "To ai da sauƙi. Ki yanka leda ɗaya ki zuba wa Baba. Ba ke kika ce ba mai iya bambancewa ba?"

"Na ce. Ka faɗa son ranka, yau ranarka ce."

"A'a, ban gama ba. Shekara nawa ina tara maganganun nan, ki bari in more."

"Tatsuo," in ji matarsa daga wurin shinkafa, "mutane na jiran abinci, Yaya kuma na tsaye."

Ya goge hannu, ya ɗauko ludayin katako. A bakin randar ya tsaya, muryarsa ta sauka.

"Mama ce ta zuba min nawa da hannunta. Ina rawar jiki, ta ce in na zubar za ta tsoma ni a ciki." Ya yi gyaran murya. "Kin dai san ƙa'ida."

Ta sani. Tun a mota ta sani. Ta ajiye jakarta, da kwat ɗinta na ofis ta durƙusa a kan simintin mai maiƙo, ta ɗaga tulun da hannu biyu. Direbobi suka daina tauna. Shugabar rassa goma sha huɗu, a gaban ƙanin da ta goya.

"Na karɓa da godiya," ta ce.

Wanda ya ce zai more, sai ga shi kunnuwansa sun yi ja. Ya zuba da sauri, ya ƙara rabin ludayi, ya ce, "Tashi, don Allah tashi, kina kore min masu ciniki."

Ta rungumi tulun ta nufi ƙofa.

"Ina za ki ajiye shi?"

"A kujerar gaba. Zan sa masa bel."

"Bel! Kin taɓa ganin an kai miyar gidanmu a kujera? A cinya ake riƙe ta. Shi ya sa randa ke fashewa a hannunku." Ya kwance tawul ɗin ya jefa wa matarsa. "Yaya, kawo makullin motar."

Da suka iso, Kawano ta riga ta samo sabuwar randa ta dafa sabuwar miya. Suka juye tulun a kai. Tatsuo ya gasa tsire da yawa yana tsomawa don miyar ta kama jiki, ya nemo igiya ya ɗaure randar yana mita. Da aka ji ƙarar sanda a ƙofa, sai ƙaton mutumin nan ya laɓe a bayan firji kamar yaron da ya fasa kwano.

Baba ya zauna a kujerarsa. Bai kalli randar ba, ko kuma ya yi kamar bai kalla ba. Fumie ta ajiye masa tsire. Ya ci a hankali, da 'yan haƙoran da suka rage.

"Hannun Tokiko na ciki," ya ce. Ya sake tauna. "Amma citta ta yi yawa. Tatsuo, fito daga bayan firjin nan, tumbinka ya riga ka fitowa."

Kawano ta fashe da dariya tana share ido da tsumman.

"Kin durƙusa?" Baba ya tambayi Fumie.

"Na durƙusa, Baba."

"To shi ke nan. Sabuwar shekara Hyuga za mu je gaisuwa."

"Har da kai?" in ji Tatsuo. "Haba Baba, ai ba sai..."

"Shagon nan nawa ne ko ba nawa ba?" Ya miƙa wa Fumie tsinken tsiren. "Gaya wa uban gidanmu ya tanadi matashi mai laushi. Gwiwoyina ba sa son siminti."