Shekara Takwas ɗin Mai Keke

"Hamsin da bakwai," in ji ma'aikacin inshora, ya ɗora yatsa a kan takardar. "Saura shekara uku ke nan ya ajiye aiki."

Inna ta ɗago kai daga inda take zaune a tabarma. "Wa ke da hamsin da bakwai? Ɗan nawa?"

Muna tsakar gidan Mai Keke, maƙwabcina, wata biyu bayan motar siminti ta bi ta kansa a kan hanyarsa ta zuwa masaƙa. Kekensa na jingine kusa da randa, ƙafar gaba a lanƙwashe, har yau ba wanda ya iya matsar da shi. Matarsa, Maman 'yan biyu, ita ta aika a kira ni daga shagon ɗinki in karanta mata abin da za ta sa wa hannu. Da na san abin da ke cikin fayil ɗin, da na ce zazzaɓi nake yi.

Mutumin ba mugu ba ne. Ya cire takalmi, ya yi ta'aziyya, ya sha ruwan da aka ba shi. Sannan ya fito da ɗan kalkuletansa.

"Lissafin diyyar ba wuya," ya ce. "Albashinsa na wata, a cire kashi ɗaya cikin uku, wanda shi kansa zai ci ya sha. Abin da ya rage na iyali ne. Sai a ninka da watannin da suka rage masa kafin ya kai sittin."

"Kashi ɗaya cikin uku?" in ji Maman 'yan biyu a hankali. "Mutumin da ya shekara huɗu da takalmi ɗaya?"

"Haka tsarin yake, ki yi haƙuri."

"Ni na haife shi," Inna ta ce. "Bai cika hamsin ba. Tela, gaya masa, ai a gabanka ya girma."

Arba'in da tara yake, kuma ba wanda ya fi ni sani. Yana ɗan shekara goma sha shida ubansa ya rasu, masaƙa kuwa ba ta ɗaukar wanda bai kai sha takwas ba. Ni na ja shi muka je aka yi masa takardar shekaru. Biyu kawai ake buƙatar ƙarawa, amma ni sarkin dabara na ce tunda dogo ne, a rubuta ashirin da huɗu, don a ba shi inji maimakon tsintsiya. Aka rubuta, na sa hannu a matsayin shaida. Aka kuwa ba shi injin, muka yi ta murna.

Ni na girme shi, amma daga ranar ya zama yayana a takarda, ya ba ni shekara biyu. Shekara talatin da uku kullum safe sai ya tsaya a ƙofar shagona ya kaɗa ƙararrawa. "Ƙanena, ba gaisuwa?" Ni kuma in ce masa tsohon banza. Ranar da ya rasu ma haka ya yi, na kore shi da almakashi a hannu, ya tafi yana dariya.

"Ranka ya daɗe," na ce, "takardar nan ƙarya ce. Ni na sa aka ƙara masa takwas. Shekara sha ɗaya ta rage masa, ba uku ba."

Ma'aikacin ya dube ni, ya danna kalkuletan, ya juyo mana da shi mu ga bambancin. Da sha ɗaya, 'yan biyu za su gama sakandare har a yi saura. Da uku, ko firamare da kyar.

"Baba tela, akwai wata takardar? Ta asibiti, ta makaranta?"

"A ɗaki na haife shi," in ji Inna. "Shekarar da katangarmu ta faɗi."

"Katanga ba ta shiga fayil, Inna." Ya sassauta murya. "In na rubuta abin da ka faɗa, magana ta koma kotu. Kai za a tuhume ka da shaidar zur, su kuma sai su shekara nawa suna jira, ƙila ukun ma a rasa. Ni ban ji komai ba."

Na ce a tuhume ni, ban damu ba, kuma har zuciyata haka ne. Amma Maman 'yan biyu ba ta ko kalle ni ba. Ta dubi ɗakin girki, inda buhun hatsi ya riga ya kwanta, ta ce, "Mai gidan haya ya zo sau biyu. Ba ni in dangwala."

Da ta zage ni, da na fi jin sauƙi. Ta danna babban yatsa a tawada, ta danna a takarda, ta goge a gefen zaninta.

"Saura shaida ɗaya," in ji ma'aikacin. "Wanda ya san marigayin." Ya waiga, babu wani namiji a gidan sai ni. Ya miƙo min biro.

A saman layin an rubuta shekarunsa, hamsin da bakwai. Na sa hannu a ƙasa, irin sa hannun da na yi wancan karon, bai ko canza ba.

Da zan fita, gefen rigata ya taɓa keken, ƙararrawar ta ɗan yi ƙara. Inna ta juyo da sauri ta kalli ƙofa, sannan ta mayar da kanta ƙasa, ta shiga lanƙwasa yatsunta ɗaya bayan ɗaya, tana ƙirga shekarunsa.