Tumatirin Abbagana

Shekarar da Abbagana ya rasu, lambunsa na bakin kogin Gashuwa ya yi tumatir har kwanduna suka kasa. Kasuwa ta faɗi, sai matarsa Zinariya ta markaɗa wanda ya rage, ta dafa, ta matsa lemon tsami, ta ɗura a kwalabe, ta tafasa su a babbar tukunya. Sababbin murafen da ta saya ba su isa ba, ta cike da tsofaffi. Shi kuwa Abbagana bai ga damina ba, ciwon ƙoda ya tafi da shi.

Da ta fita takaba, surukarta Iya Fanne ta zo daga Nguru. Bayan sun gama gaisawa da kuka, tsohuwar ta ce, “An ce akwai sauran tumatirin yaron nan. Ki yi mini miya da shi, in ci abin da hannunsa ya shuka.”

Zinariya ta jawo kwalin kwalaben daga ƙarƙashin gado. Kwalbar farko murfinta ya kumbura. Tana murɗawa ya yi huci, kumfa ta taso.

“Iya, wannan ya lalace.”

“Ai ba ya wari. A tafasa shi sosai.”

“Ko bai yi wari ba, Iya, in murfi ya tashi ba a ci. Kisa yake yi.”

Tsohuwar ta karɓi kwalbar, ta riƙe ta a cinya, ta daɗe tana kallonta. Zinariya ta durƙusa a gabanta.

“Na binne ɗaya. Kada ki sa in binne biyu.”

Iya Fanne ta share ido da bakin mayafi. “To, duba sauran.”

Suka fito da su tsakar gida, Zinariya tana danna kowane murfi da yatsa. Masu tsofaffin murafe duk sun tashi. Uku kawai suka lotsa ciki, suka kama gam.

Tsohuwar da kanta ta ce a haƙa rami mai zurfi bayan ɗaki a binne waɗanda suka lalace, kada kaji su tona. Ita ta zuba ƙasar farko.

Da la'asar Zinariya ta buɗe ɗaya daga cikin ukun, ta bar miyar ta daɗe a wuta, ta saka busasshen kifi. Iya Fanne ta yi loma biyu, ta ce, “Allah ya jiƙan ka.” Sannan ta tura kwanon tsakaninsu. “Matso, 'yata, ba zan iya ni kaɗai ba.”