Ayun Garou a Cikin Salula

Na'inna mai kifi ba ta buɗe rumfa ba ranar nan. Kwalba ɗaya ta ƙulle a bakin zane, ta hau kabu-kabu daga kasuwar Malanville sai ɗakin ƙanenta Abdurra'uf.

Gidansu masunta ne na Garou, kuma ba su cin ayu, wannan dabbar ruwa mai jiki kamar saniya wadda ke shayar da ɗanta nono. An ce jirgin kakansu ya taɓa kifewa, ayu ya turo shi gaɓa da hanci. Tun daga nan 'yan gidan sunka ɗauki alkawali: ba su kashe shi, ba su faɗin inda yake kwana. Yanzu ma ayu biyu kaɗai sunka rage, mace da namiji, a wani gurbi mai zurfi ƙarƙashin tsohuwar kanya, inda ciyawar burgu ta yi duhu.

To, sai ga Abdurra'uf ya dawo daga Kutonu da ilimin haɗa wasan salula. A wasan da yake haɗawa, wai masunci ne zai yi ta ratsa kogi, ɗan ayu na tare da shi yana nuna mishi hanya. Ya yi ta lallaɓar yayarsa, ita kuma, kaico, bakinta ya ɗauke ta, ta ba shi labarin duka har da kanyar. Shi ko sarkin gwaninta, sai ya zana wurin tsaf, kwanar ruwa da kanya, har da suna Garou a sama!

Ta banka ƙofa ba sallama.

"Yaya, lahiya?" in ji shi.

"Lahiyar mi? Wa ya ce ka sa kanyarmu cikin abin nan?"

"Haba Yaya, wasa ne hwa. Har Yamai ana yin shi. Kowa na son ɗan ayun nan, sunan gidanmu nika ɗagawa."

Ta kwance bakin zane ta dangwarar da kwalbar kusa da kwamfutarsa. Mai ne a ciki, fari, bai ko gama daskarewa ba.

"Ka san wannan? Man ayu ne. Da sahen nan wani baƙo ya kawo mini talla, wai sabo ne, maganin sanyin ƙashi. Na ce ina ka samu? Sai ya hiddo salula yana dariya, ya gwada mini kanyar kakanmu. Shekara nawa maharba na neman gurbin nan ba su gane ba, kai ka zana musu! Macen sunka soke da mashin zago. Ni na hwaɗa maka, ni ce shashashar hwarko, wannan na sani, kuma shi ke ci na."

Abdurra'uf ya daburce. Ya jawo salularsa, ga ɗan ayun nan yana juyi yana murmushi.

"Zan goge kanyar yau yau. Wallahi ban yi nuhi ba. Ni a wasan ko an harbe shi ba ya mutuwa, nan kake dannawa sai ya taso."

Na'inna ta dube shi, idonta ya kaɗa jawur. Ta tura mishi kwalbar har ta taɓa hannunsa.

"To, ga ta nan," in ji ta. "Danna."